Gida na Goma Yana Ƙarƙashin Gadona

Salamu alaikum, jama'ar wannan shafi. 'Yar uwar da ta rubuto cewa in daina zagaye-zagaye in faɗa ko an sa rana ko ba a sa ba, na ji ki, kuma yau za ki samu amsa. Sai dai amsar tana cikin wani akwati, don haka ki yi haƙuri in fara da akwatin.

Ga waɗanda yau ne farkon shigowarsu: sunana Rahmat, 'yar Malumfashi, shekarata ashirin da takwas. Nas ce ni a Doha, babban birnin Qatar. Ba a asibiti nake ba, wani kamfani ne ke tura mu gidajen mutane muna jinyar tsofaffinsu. Ina zaune a unguwar Mansura, hawa na uku, ɗaki ɗaya da Dorkas 'yar Zonkwa, ita ma nas. Akwai kuma Ghali, ɗan Zariya mai karatun digiri na uku a fannin fassara a nan Doha, wanda kawunnansa suka ce za su je gidanmu jibi Asabar a tsayar da rana.

Akwatin ruwan toka ne, babba, mai taya huɗu, yana ƙarƙashin gadona. Umma ce ta sa na saye shi tun shekarar da na zo, wai in riƙa jefa zannuwan gado da labule da turaren wuta a hankali, kada biki ya zo a shiga kame-kame. Duk Juma'a in ta kira, bayan gaisuwa tambayar ɗaya ce. Ni ce ta fari, ba ta kama sunana.

"Ke 'yar nan, akwatin nan kuwa ana zuba masa wani abu?"

"Ana zubawa, Umma."

Ban taɓa yi mata ƙarya ba. Akwatin ya kusa cika, sai dai ko zanin gado ɗaya babu a ciki. Takardu ne, ɗari huɗu da 'yan kai, rubutun fensir, cikin yaren da ban san ko harafi ɗaya nasa ba.

Mai takardun sunansa Andor Kelevesi, ni kuwa Baba Andor nake ce masa. Mutumin Hungary ne, wata ƙasa a tsakiyar Turai da ni ma sai da na duba taswira. Ya zo Doha farkon 2020 don ya yi wata ɗaya wajen 'yarsa Madam Reka, injiniya, a unguwar Ain Khaled. Korona ta rufe hanya, kafin a buɗe kuma ɓarin jikinsa na hagu ya shanye. A watan Yuni aka tura ni, da takunkumi biyu a fuska, mai gadi yana duba wayata a ƙofa ya ga ko ta nuna kore, alamar ba ni da cutar.

Dogo ne, siriri, girarsa kamar tsohuwar tsintsiya. Kullum yana cikin rigar sanyi mai maɓallai, ya ƙi a rage na'urar sanyaya ɗaki, ya kuma ƙi cire rigar. Sai da na yi wata guda kafin in san marubuci ne, kuma wai a ƙasarsu har a makarantu ake karanta shi. Tarihinsa gutsure-gutsure na same shi, duk lokacin da nake auna jininsa. An haife shi a wani ƙaramin gari a bakin kogi, babansa mai sayar da tikiti a tashar jirgin ƙasa. Littafinsa na farko hukumar wancan zamanin ta hana a buga, aka tura shi gyaran kurakurai a maɗaba'ar da ke buga takardun irin shuka. Shekara goma sha ɗaya yana duba sunayen kabewa da albasa. Ya ce a can ya koyi rubutu, don manomi ba ya yafe kuskure. Daga baya ya rubuta littattafai tara, duka a kan layi ɗaya na garinsu, kowane littafi labarin gida ɗaya. Layin kuwa gida goma ne.

"Na goman fa, Baba?"

"Na goman gidanmu ne." Ya miƙo min hannu. "Auna jinin."

Kowace safiya bayan kunun alkama sai ya ce in turo masa tebur. Hannunsa na dama lafiya lau yake. Zai cika shafi ɗaya, wani lokacin biyu, ya karanta yana motsa baki, sannan ya yage ya jefa a kwandon shara. Haka kullum, kamar mai shan magani.

A nan laifina ya shigo, kuma tarbiyya ce ta jawo min. A gidanmu ba a taka rubutu. Malam, mahaifina, tela ne a kasuwa, amma in yana tafiya ya ga takarda mai rubutu a ƙasa sai ya sunkuya ya ɗauka, ya kaɗe ta, ya soke a tsagar katanga. Ko ajami ne ko boko, ko takardar da aka naɗe ƙosai ce. Ya ce ba ka san inda sunan Allah yake ba. Mun taso a haka, har ƙannena sun san wanda ya tsallake takarda ya tsallake abincin rana. Ranar farko da na ɗauki kwandon Baba Andor zan juye a kan auduga da ɓawon ayaba, hannuna ya ƙi. Na san ba Larabci ba ne. Na san tsohon ko coci ba ya zuwa. Duk da haka na tsince guntayen na zuba a aljihun rigar aiki. A Doha kuwa katanga ba ta da tsaga, sai akwatin Umma.

Dorkas ta kama ni a sati na biyu ina liƙa guntaye da salatif a kan gado.

"Rahmat, kin manta takardar da muka sa wa hannu? Ko allura ba a fita da ita daga gidan majinyaci. Kafil, mai riƙe da izinin zamanmu, ya ji wannan, khalas, shi ke nan, sai filin jirgi."

"Shara ce fa."

"To me sharar take yi a ƙarƙashin gadonki?"

Na ce a raina gobe zan daina. Goben nan ta yi shekara biyu da wata uku ba ta zo ba.

Aikin ma ya yi ta sauƙi. Da farko gida huɗu yake yaga takardar. Bayan 'yan watanni sai ya koma dunƙulewa kawai. Daga baya ninkewa ɗaya yake yi ya ajiye ta a kwandon, har ya kafa doka cewa kada a ƙara jefa auduga ko ɓawon ayaba a ciki, wai wari yana damunsa. Na rubuta a takardar jinya cewa ƙarfin yatsunsa yana raguwa. Na ga kuma ya fara sa lamba a kusurwar kowane shafi, ban kawo komai a raina ba.

Madam Reka takan dawo da yamma ta tsaya a bakin ƙofa da makullin mota a hannu. Ni take tambaya, ba shi ba. Ya ci abinci? Jinin fa? Shi kuma sai ya kalli taga. A tsawon zamana ban taɓa ganin sun zauna tare gwargwadon shan kofin shayi ba. Ba a ɗauke ni aikin sulhu ba, saboda haka na tsaya a kan jini da magani.

Ya so ya ga gasar ƙwallon duniya da ake yi yanzu a nan. Yakan tsokane ni cewa da ƙasarsa da tawa babu wadda aka gayyata, sai mu kalla hankali kwance. Bai kai ba. A watan Satumba na bana, wata safiya, ya rubuta rabin shafi, ya ja dogon layi a ƙasa, ya sa hannu, abin da bai taɓa yi ba. Ya ninke ya sa a kwandon. Washegari aka kai shi asibiti, kwana huɗu ya rasu. Na yi kuka sau ɗaya, a bas ɗin kamfani, sannan aka ba ni wata tsohuwa a Al Rayyan.

Yanzu ga Ghali. Kada ku ce ban son shi, ina son shi. Lokacin da aka killace mu ni da Dorkas saboda korona, kwana goma sha huɗu yana ajiye mana burodi da lemo da shayin karak a bakin ƙofa, ya ƙwanƙwasa ya gudu kamar ɓarawo. Ya iya magana, ya iya ba ni dariya, Malam ya yaba da gaisuwarsa a waya. Don haka da aka fara maganar sa rana na ga bai kamata in shiga gidansa da akwatin da bai san abin da ke ciki ba. Na gaya masa. Ya buga sunan tsohon a waya, na ga fuskarsa ta canza.

Larabar makon jiya muka haɗu a shagon shayin da ke kusa da tashar jirgin metro ta Mansura. Titi cike da 'yan Maroko da tutocinsu, motoci sai ham suke yi. Na sa abaya ruwan ƙasa da mayafi ruwan madara, shi kuma yana cikin rigar masu aikin sa kai na gasar, don daga filin wasa ya fito. Na kawo masa shafuka ashirin na sama a cikin leda, ya gani da idonsa. Yana ɗagawa ɗaya bayan ɗaya har ya kai mai dogon layin nan da sa hannu, ya tsaya a kansa.

"Kin san abin da ke hannunki kuwa? Jaridunsu sun ce ya mutu bai rubuta gida na goma ba. Shekara ashirin ana jira. 'Yarsa ta ce fensira kawai ta samu a ɗakinsa."

"To."

"To kawai? Bari in ɗauki hoto, waya ta fassara mana."

"A'a."

"Shafi ɗaya."

"A'a, Yaya Ghali. Mai shi ya yar, 'yarsa ba ta gani ba, ni da na tsinta ban karanta ba. Kai a wa?"

Ya yi dariya, irin wadda ake yi wa yaro. Ya ce rubutun babban marubuci ba na 'yarsa ba ne, na duniya ne. Ya ce duk wanda ya fara fito da wannan, sunansa ya shiga tarihi, karatunsa ya gama kansa, aiki kuma shi zai zaɓa. Ya ce don mu biyu yake faɗa. Na kalli shayina na ce duniyar ta ƙara haƙuri.

Aka kira la'asar. Na ɗaure ledar na bar masa tare da jakata, na shiga sashen mata na masallaci. Da na dawo yana juya cokali a kofi yana kallon titi. Ledar na same ta ɗaure tamau, ni kuwa sako-sako na ɗaure ta. Na mayar da ita akwati ban kwance ba, don ban so in san abin da zan sani.

Ranar Litinin saƙo biyu suka shigo min kusan a tare. Na farko daga Madam Reka: "Rahmat, zan bar Doha gaba ɗaya bayan wasan ƙarshe. Ki zo Alhamis ki karɓi takardar shaidar aikinki." Na biyu daga Ghali: "Na ɗan taɓa wa farfesana maganar, amma ban faɗi sunanki ba. Kada ki damu."

Duk wanda ya ce kada ki damu ya riga ya yi abin damuwar. Na lissafa: in maganar ta fita daga bakin farfesa, za ta isa Hungary, daga can ta dawo kunnen Madam Reka, kuma nas ɗaya ce ta yi jinyar babanta. Gara ta ji daga bakina. In za a kore ni, a kore ni ina tsaye a gabanta.

Yau da hantsi Dorkas ta kama min akwatin muka sauko da shi daga hawa na uku, don lif ɗinmu ya sake lalacewa.

"In suka mayar da ke gida wa zai riƙa yi min miyar kuka?"

"Ki koya."

"Allah ya tsare, 'yar uwa. Zan yi miki addu'a a wajen aiki." Ta rufe min ƙofar tasi.

Gidan Ain Khaled duk kwalaye ne. Madam Reka ta fito da wando da riga, gashinta a ɗaure, takardar shaidar a hannunta. Ta kalli akwatin, ta kalle ni. Na kwantar da shi a tsakar falo na zuge, sannan na faɗa mata komai tun daga katangar Malam har zuwa salatif. Na ce na karya dokar kamfani, tana da ikon kai ƙarata, ba zan musa ba.

Ta durƙusa ta ɗauki shafi ɗaya daga ƙasa, cikin masu salatif. Ta karanta. Ta ɗauki wani. Daga durƙuso ta zauna dirshan a kan tayil. Na tsaya a kanta kamar mai jiran sakamakon gwajin jini, har ƙafata ta gaji na zauna a kan kwali.

"Kin karanta?"

"Ban iya yaren ba, Madam."

"Waya tana iyawa."

"Ba nawa ba ne."

Ta gyaɗa kai. Ta ce ita ma ba ta taɓa karanta littafinsa ba tun tana 'yar shekara goma sha tara. A shekarar mahaifiyarta ta kwanta a asibiti, shi kuma yana wani ƙauye yana ƙarasa littafinsa na shida. Ya zo kwana ɗaya ya koma, matar ta rasu ba ya nan. Daga ranar gaisuwa kawai ke haɗa su. Ta faɗi wannan a hankali, kamar mai karanta takardar wutar lantarki, sannan ta nuna min kan shafin da yatsa. Kowane shafi da sunanta ya fara.

Ta ci gaba da ɗagawa, har ta zo inda salatif ya ƙare aka shiga masu alamar dunƙulewa. Nan ta tsaya, ta yi wata 'yar dariya da ba ta yi kama da dariya ba.

"Wannan naki ne. Saurara."

Ta fassara min da Turanci, ni kuma ga shi da Hausa yadda na riƙe: "Yarinyar tana tsincewa. Yau na hango ta a gilashin taga tana miƙar da takardar a kan gwiwarta. Na yi shekara talatin ina neman hanyar da zan yi wa Reka magana, ashe hanyar kwandon shara ce. Daga gobe zan riƙa sa lamba, kada in wahalar da ita. Ba zan tambaye ta dalili ba, kada ta daina."

Jama'a, ni ba mai saurin kuka ba ce, kun sani. Amma na ji kunya, na ji daɗi, na ji haushin tsohon nan, duka a lokaci guda. Shekara biyu ina ɓoye takarda a aljihu gabana yana faɗuwa, ashe ɗan aike aka mayar da ni. Har da rubuta cewa yatsunsa sun yi rauni.

Madam Reka ta share fuska da bayan hannu. Ta ce babu wanda zai kai ƙarata ko'ina. Ta ce kafin wata jarida ko wata jami'a ta ga ko layi ɗaya, sai ita ta karanta daga farko zuwa ƙarshe, ita kaɗai. Sannan ta ce ba za ta iya jira ba, in ba ta na ƙarshen.

Na ɗauko ledar nan na kwance ƙullin da ƙyar. Ta bi lambobin. Ɗari huɗu da tara, ɗari huɗu da goma, ɗari huɗu da sha ɗaya. Ta juya bayan takardar, ta leƙa cikin ledar, ta zazzage ta.

"Akwai saura?"

"Me ya faru, Madam?"

"A tsakiyar magana ya tsaya. Yana faɗin ranar da ya zo asibiti. Ya ce Mama ta ba shi saƙo gare ni, ya riƙe shekara talatin bai isar ba. Ya ce saƙon shi ne..." Ta nuna min ƙarshen shafin, inda fensir ya kai bakin takarda. "Daga nan babu. Ko bai kai ga rubutawa ba?"

Da na ce mata haka ne, da ta yarda. Mutumin ya kwanta asibiti, wa zai yi musu? Da na karɓi takardar shaidata na hau tasi, jibi a raba goro da alawa a Malumfashi, babu wanda ya ji babu wanda ya gani. Na yi wannan tunanin, ba zan ɓoye muku ba, kuma ya daɗe a raina fiye da yadda ya kamata.

"Ya rubuta," na ce. "Rabin shafi ne, da dogon layi a ƙasa, da sa hannunsa. Ni na tsince shi."

"Yana ina?"

"Na san inda yake."

Na fita baranda na kira Umma. Na ji ƙarar turmi a bayanta, an fara dakan abincin baƙi.

"Umma, a gaya wa Malam ya aika Zariya, su dakata da zuwan nan."

Turmin ya tsaya. "Ke 'yar nan, lafiyarki? An gaya wa dangi. Me ya yi miki?"

"Akwai abin da na ba shi ajiya. In ya dawo da shi za ki ji."

"Ajiyar me? Kayan akwatin ne?"

"Kayan akwatin ne, Umma."

Na kashe kafin ta sake tambaya, laifin da sai na yi sati ina ba da haƙurinsa. Sannan na rubuta wa Ghali: "Ina Ain Khaled. 'Yar mai takardar tana zaune a ƙasa tana jiran saƙon uwarta. Ka kawo shafin da hannunka, kuma ka zo da wayarka a buɗe."

Ya karanta nan take, alamar ta yi shuɗi. Na ga yana rubutu. Ya tsaya. Ya sake farawa, ya sake tsayawa.

To 'yar uwa mai tambaya, ga amsarki: ba a sa ba. Ina rubuto muku wannan ne a kan kwali a falon Madam Reka. Ta dafa mana shayi, ta koma shafi na ɗaya, ta ajiye kujerarta tana fuskantar ƙofa. Daga inda Ghali yake zuwa nan tafiyar minti ashirin ce a tasi. Yanzu awa biyu ke nan, kuma ta riga ta tambaye ni sau biyu ko mutumin mai amana ne.